An Rufe Asusun Gidauniyarmu Da Odar Kotu, Malamai Ba Albashi: Ina Mafita?

Tambaya:

Assalamu alaikum. Yayana, Allah Ya jiƙansa, ya kafa gidauniya ta kula da marayu da wata makarantar Islamiyya, ya yi mata rajista da amintattu biyar: shi, da ni, da babban ɗansa, da aminansa biyu. Ya bar mata shaguna da ake karɓar haya da wani fili. Bayan rasuwarsa ɗan nasa da ɗaya daga cikin aminan suka ce a sayar da filin, ni da ɗayan muka ƙi. Da abin ya yi tsami sai muka kira taro, muka cire ɗan daga cikin amintattu, muka ƙara mutum biyu. Ba mu kai maganar Hukumar Rajistar Kamfanoni ba tukuna. Makon jiya na je banki, ni ne ma'aji, aka ce an rufe asusun da umarnin Babbar Kotun Tarayya. Washegari aka kawo mini takarda cewa an hana mu yin komai da sunan gidauniyar, alhali ba wanda ya kira mu kotu. Wata ya ƙare, malamai ba albashi, abincin yara ya kusa ƙarewa. Shin dole ne in bi odar da aka bayar a bayan idona? Zan iya karɓar hayar shagunan a hannu in buɗe wani asusun? Wasu na cewa in kai yaron EFCC.

Amsa:

Wa'alaikumus salam, Malam. Allah Ya gafarta wa mamacin, Ya sa wannan gidauniya ta zame masa sadaka mai gudana.

E, dole ne ka bi odar. Kada ka karɓi haya a hannu, kada ka buɗe sabon asusu, kada ka sa hannu a wata takarda mai ɗauke da sunan gidauniyar, ko da ta neman taimakon buhun shinkafa ce. A dokar Najeriya umarnin kotu yana nan da ƙarfinsa har sai kotu ta janye shi, ko da kuwa a kan kuskure aka bayar. Idan ka saɓa, lauyan ɗan yayanka zai sa a kawo maka Fom 48, takardar gargaɗin abin da zai biyo bayan ƙin bin umarni. In ka ci gaba, Fom 49 ya biyo, wanda ke kiranka ka zo ka faɗi dalilin da ba za a tura ka gidan yari ba saboda raina kotu. Ko ba a kai ga ɗauri ba, ka riga ka yi wa kanka illa, domin alƙalin da za ka roƙa ya ɗage odar shi ne wanda ka yi watsi da maganarsa. A 1986 Kotun Ƙoli ta ƙi sauraron buƙatar gwamnatin Jihar Legas kanta, saboda ta tura jami'ai ɗauke da makamai sun fitar da Ojukwu daga wani gida a Ikoyi alhali magana tana gaban kotu. In ba a ɗaga wa gwamnati ƙafa ba, ma'ajin gidauniya ba zai samu wannan alfarma ba. Dabarar karɓar haya a hannu ita ce ta fi komai haɗari a cikin abin da ka lissafa, don ɗan haya ɗaya ya nuna rasit mai kwanan watan bayan odar ya isa hujja a kanka.

Yanzu ga abin yi. Ka ɗauki lauya yau, wanda ya saba da Babbar Kotun Tarayya, ya je rajistar kotun ya ciro kwafi mai hatimin tabbatarwa na duk abin da ke cikin fayil: odar kanta, takardar da aka buɗe ƙarar da ita, buƙatar da aka shigar a bayan idonku, takardar rantsuwar da ta raka ta da duk abin da aka liƙa mata. Mutane da yawa suna tsayawa a kan shafi biyun da masinjan kotu ya miƙa musu, alhali naman yana cikin takardar rantsuwar. A nan ne za ka ga abin da aka gaya wa alƙali game da kai, da abin da aka ɓoye masa.

Sannan ku zauna ku karanta odar kalma bayan kalma. Su wa aka ambata? Wane asusu, da wace lamba? An hana cire kuɗi ne kawai, ko har da sakawa? In ba a hana sakawa ba, ka bar 'yan haya su ci gaba da zuba kuɗinsu a asusun gidauniyar kamar yadda suka saba, hakan ma kariya ce gare ka. Bankuna kan wuce gona da iri saboda tsoron kansu: a ambaci asusu ɗaya, su toshe duk wanda sunanka ke ciki, wani lokacin har da na kanka. In haka ta faru, wasiƙar lauya zuwa sashen shari'a na bankin, da kwafin odar a manne, takan warware wannan ba sai an koma gaban alƙali ba. Abu na ƙarshe da za ku duba shi ne ƙarshen odar: ta ce "har zuwa" yaushe, kuma wace rana aka sa a dawo?

Wannan "har zuwa" ɗin shi ke nuna maka irin odar da ke hannunka. Umarnin hani iri uku ne. Akwai na gaggawa da ake bayarwa a bayan idon ɗaya ɓangaren, wanda ransa 'yan kwanaki ne, har zuwa ranar da za a ji ta bakin kowa. Akwai na wucin gadi da ake bayarwa bayan an saurari ɓangarorin biyu, wanda ke tsayawa har a gama shari'a. Akwai kuma na dindindin da ke zuwa tare da hukunci. Naka na farkon ne. Ba hukunci ba ne, bai ce ka ci amana ba, bai ce ɗan yayanka ne ke da gaskiya ba. Alƙali ya ji bakin mutum ɗaya ya ce kowa ya dakata tukuna.

Kotun Ƙoli ta zana iyakar irin wannan oda tun 1989 a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya, wadda ta taso daga rikicin shugabancin wani banki. Abin da ta kafa shi ne ba a bayar da umarni a bayan ido sai gaggawar ta gaske ce, irin wadda in aka tsaya sanar da ɗaya ɓangaren ɓarnar za ta riga ta auku, kuma gaggawar da mutum ya jawo da jinkirinsa ba gaggawa ba ce. Ta kuma ce mai nema ya ɗauki alkawarin biyan diyya idan daga baya ta bayyana bai cancanci odar ba. Alƙalai sun san ana sa musu ido a wannan fanni: a ƙarshen 2021 Majalisar Kula da Harkokin Shari'a ta Ƙasa ta hana alƙalai uku ƙarin girma na wasu shekaru saboda umarnin bayan ido masu karo da juna da suka bayar a rikicin siyasa.

Ga wurin da mutane suka fi yin asara. A manyan kotunan Legas da Abuja odar bayan ido takan mutu da kanta bayan kwana 7, sai in an sabunta ta. Wannan ne ya sa za ka ji masu shawarar bakin titi suna cewa "ka yi shiru, mako ɗaya ne ta wuce." A Babbar Kotun Tarayya lissafin daban ne. Kwana 14 ɗin da dokokinta suka ambata ana fara ƙirga su ne daga lokacin da wanda odar ta shafa ya shigar da buƙatar a janye ta ko a sassauta ta. Ma'ana, muddin ka zauna a gida kana jira, agogon bai fara tafiya ba. Don haka buƙatar janyewa ta shiga cikin wannan makon, a gaban kotun da ta bayar da odar. Kada a ɓata lokaci da maganar ɗaukaka ƙara yanzu, hanyar odar bayan ido ita ce a koma wurin wanda ya bayar da ita. Kada kuma lauya ya ja ka zuwa Babbar Kotun Jiha don a samo wata odar da za ta ci karo da wannan. Kotunan biyu matsayinsu ɗaya, wata ba ta soke umarnin wata, kuma banki in ya ga takardu biyu masu saɓani sai ya ƙara wa asusun kwaɗo.

Dalilan da ake janye irin wannan oda da su sanannu ne, lauyanka ya auna kowanne da abin da ke cikin fayil. Idan taronku ya yi wata biyu ko uku kafin su je kotu, kuma sun san da shi, ina gaggawar? Idan sun ce wa alƙali kuna shirin kwashe kuɗi amma ba su kawo bayanin asusu ko na wata ɗaya ba, zargi ne tsirara. Idan ba su faɗa masa cewa daga wannan asusun ake biyan malamai da ciyar da yara ba, ko ba su ambaci cewa asalin rigimar yunƙurinsu ne na sayar da fili ba, wannan ɓoye gaskiya ne, kuma shi ne dalili mafi ƙarfi, domin wanda ya shiga gaban alƙali shi kaɗai wajibi ne ya faɗi har abin da ba ya goyon bayansa. A duba ko sun shigar da buƙata ta biyu, wadda za a sanar da ku a saurare ku, tare da ta bayan idon. A duba ko akwai alkawarin diyya. A duba kuma da sunan wa aka kai ƙarar. Idan da sunan amintattun gidauniyar ne a matsayinsu na hukuma mai rajista, wa ya ba da izini? Mutum biyu cikin huɗu ba rinjaye ba ne, kuma lauyanka na iya ƙalubalantar ikon amfani da sunan. Idan da sunayensu ne na kansu, wannan ƙofar ta rufe.

Takardar rantsuwarka ita ce bakinka a wannan mataki, domin ba a kiran shaidu. Ka amsa tasu sakin layi bayan sakin layi, saboda duk abin da aka rantse a kansa ba ka musanta ba, kotu na ɗaukarsa ka yarda. Kwana 7 ne galibi ake ba ka daga ranar da aka kawo maka buƙatarsu. Sashe na 115 na Dokar Shaida ta 2011 ya hana cusa muhawarar doka ko yanke hukunci a cikinta, abin da ya faru kawai ake so, kuma abin da wani ya gaya maka sai ka faɗi wane ne, a ina, yaushe. "Yaron nan ba shi da kunya, tun yana ƙarami haka yake" ba ta da gurbi a ciki. Abin da ke da gurbi shi ne: ranar kaza an fitar da naira kaza, ga takardar biyan albashi, ga sa hannun malamai. Saƙonnin WhatsApp da bayanan banki da aka buga daga kwamfuta suna buƙatar takardar shaida ta sashe na 84, in babu ita ɗaya lauyan zai nemi a yi watsi da su.

Maganar albashi da abinci ba sai ta jira duk wannan ba, kuma a ganinmu ita ya kamata ta zo gaba. A cikin buƙatar taku a sa roƙo na biyu: in kotu ba ta janye odar gaba ɗaya ba, ta sassauta ta yadda za a iya biyan kuɗaɗen yau da kullum. Kada a roƙa a dunƙule. A kawo jadawali: sunayen malamai da ma'aikata, albashin kowa, lambar asusunsa, kuɗin abinci na wata bisa abin da aka kashe a watanni shida da suka wuce, kuɗin wuta da ruwa da magani. A ba da shawarar banki ya tura albashi kai tsaye zuwa asusun kowane malami, kuɗi kada ya bi ta hannunka, sannan kowane fitar kuɗi ya zama da sa hannu biyu, ɗaya daga ɓangarenku ɗaya daga nasu, a kuma riƙa ajiye bayanin asusu a kotu duk wata. Alƙali ba ya son a ce odarsa ce ta sa marayu kwana da yunwa, kuma da wuya ɗaya ɓangaren ya miƙe a bainar jama'a ya yi adawa da wannan. Sau da yawa ma lauyoyin biyu kan daidaita a kan haka tun kafin a shiga zauren kotu, su miƙa wa alƙali ya mayar da shi umarni. Kafin nan, in akwai mai hali da zai kai buhunan abinci makarantar don Allah, ko ya ranta wa malamai daga aljihunsa, odar ba ta hana shi ba. A rubuta komai, kuma kada a yi da sunan gidauniyar.

To, sai magana mai ɗaci, Malam, kuma gara ka ji ta a nan kafin ka ji ta a kotu. Taron nan da kuka yi, da wuya ya tsaya da ƙafarsa. Gidauniyar da aka yi wa rajista tana ƙarƙashin kashin amintattu na Dokar Kamfanoni ta 2020, wadda ake kira CAMA. A ƙarƙashinta, canza amintacce ko ƙara wani yana da matakai: babban taro ya zartar da ƙuduri bisa tsarin mulkin ƙungiyar, a kai wa Hukumar Rajistar Kamfanoni, a buga sanarwa a jaridu biyu na kullum, ɗaya ta ƙasa baki ɗaya, a bar kwana 28 don mai ƙorafi ya kawo, sannan hukumar ta amince. Canjin da ya tsallake wannan hanya doka ba ta san da shi ba. A idon hukumar, da banki, da kotu, ɗan yayanka amintacce ne har gobe, mutum biyun da kuka ƙara kuwa baƙi ne. Duk takardar da suka sa wa hannu matsala ce.

Tun kafin a kai ga hukumar ma akwai tambayoyin da tsarin mulkin gidauniyar zai amsa. Ka nemi kwafin da aka ajiye a hukumar lokacin rajista, mai hatiminta, tare da rahoton matsayin gidauniyar na yanzu. Wanda ke cikin durowar ofis bai isa ba, don sau da yawa akan tarar an yi masa gyare-gyaren da ba a taɓa kai wa hukumar ba. Wa ke da ikon kiran taro? Sanarwar kwana nawa? An aika wa ɗan yayanka da abokin tafiyarsa a rubuce, an faɗi cewa cire shi na cikin abin da za a tattauna? An ba shi damar kare kansa? Mutum nawa ne ke cika taro? Ikon cirewa na amintattu ne ko na babban taron mambobi, kuma akwai rajistar mambobin ma kuwa? Yawancin gidauniyoyin iyali ba su da ita, an dai kwafi tsarin mulki na gama-gari a ofishin wanda ya yi rajistar, ba wanda ya sake buɗe shi sai ranar rigima. Idan amsoshin ba su yi muku daɗi ba, shawararmu ita ce kada ku kashe kuɗi da shekaru kuna kare taron. Ku gaya wa kotu kun yarda a koma yadda ake kafin taron, amintattu huɗu kamar yadda rajista ta nuna. Wannan yana zare wa ƙararsu ƙashin baya, domin abin da suka zo nema kenan, kuma yana mayar da hankalin kotu kan filin, inda ku ne ke da ƙarfi.

Filin nan fa odar da ke ƙasa ba ta kare shi ba. An ɗaure hannunku, nasu a sake yake. Ku shigar da taku da'awar a cikin wannan ƙarar, tare da buƙatar a hana kowa sayarwa, jinginarwa ko bayar da hayar filin da shagunan har a gama shari'a. Ku yi ta a fili da sanar da su, ba a bayan ido ba, sai in kuna da hujjar cewa ciniki ya kusa faɗawa, kamar takardar kafin alƙalami. A lokaci guda lauya ya rubuta takardar gargaɗi zuwa hukumar filaye ta jiharku, irin su KANGIS a Kano ko KADGIS a Kaduna, domin mallakar fili mai takardar shaidar gwamna ba ta komawa hannun wani sai da amincewar gwamna bisa Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, kuma ta wannan ofishin takardun ke bi. A sanar da mai unguwa da dillalan yankin cewa magana tana kotu. Wanda ya sayi abin da ake shari'a a kansa ya sayi rigima, amma hana cinikin ya fi warware shi sauƙi nesa ba kusa ba.

Sai dai ka bincika abu ɗaya kafin ka buga ƙirji: sunan wa ke kan takardar filin? Idan sunan amintattun gidauniyar ne, to dukiyar gidauniya ce, ba ta magada ba, kuma doka ta hana a raba kuɗinta ko kadararta ga mambobi. Ko rushe gidauniyar aka yi, abin da ya rage wata ƙungiya mai irin manufarta ake miƙa wa. Idan kuwa har yanzu sunan marigayin ne a kai, wata sabuwa ta taso, domin magada na iya cewa gado ne. A nan tambayar ta koma ta fiƙihu: ya yi hubusi da shi ne, wato ya mayar da shi wakafi, kuma ya fita daga hannunsa tun yana da rai da lafiya? A mazhabar Malikiyya hubusin da mai shi bai saki ba har ya rasu ba ya tabbata, wanda kuma aka yi a ciwon ajali hukuncin wasiyya yake ɗauka, ba ya wuce sulusi. Don haka a nemo shaidun da suka ji ya furta, da duk takardar da ya rubuta, da alamar cewa gidauniyar ce ke riƙe da wurin: wa ya biya kuɗin katanga, wa ke biyan harajin fili, rasit ɗin hayar shaguna da sunan wa ake yanka shi. In hubusi ne tabbatacce, asalin hukuncinsa ba a sayarwa, ba a kyautarwa, ba a gada.

Wannan bambanci yana taɓa hurumin kotu. Sashe na 251 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba Babbar Kotun Tarayya abin da ya shafi aiki da Dokar Kamfanoni, kamar wane ne amintacce da yadda aka canza shi. Rigimar mallakar fili kuwa ba tata ba ce, ta kotunan jiha ce. Tambayar wakafi ko kyauta ko gadon Musulmi tana bin kotunan Shari'ar Musulunci, kuma sashe na 277 ya sa ta cikin abin da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ke duba. Lauya ya tsara da'awarku a matsayin hana amintattu yin abin da ya saɓa wa tsarin mulkin gidauniya, kada ta zama neman a tabbatar da mai fili. In aka yi kuskure a nan, ana iya shekara uku ana shari'a, kotun sama ta ce tun farko ba hurumi, komai ya rushe.

Ranar da za a saurari ɓangarorin biyu, ma'aunin da kotu za ta ɗauka shi ne wanda Kotun Ƙoli ta bi a shari'ar asibitin Obeya a 1987: akwai magana mai nauyi da ta cancanci shari'a? Wa zai fi cutuwa in an bayar ko an hana? Kuɗi zai iya gyara ɓarnar daga baya? Mai nema ya yi jinkiri, ko hannunsa ba tsabta? Alƙali ba zai faɗi mai gaskiya a ranar ba, an hana shi taɓa asalin shari'ar a wannan mataki. Wanda bai gamsu ba yana da kwana 14 ya ɗaukaka ƙara, amma ba mu cika ba da wannan shawarar ba. Ɗaukaka ƙara a kan umarnin wucin gadi na iya cin shekaru, asalin ƙarar tana kwance. Ya fi amfani a roƙi kotu ta gaggauta sauraron shari'ar.

EFCC kuwa, ka ajiye wannan tunanin. A wasiƙarka ba ka ce yaron ya ci ko sisi ba, ka ce yana son a sayar da fili, kuma son a sayar ba laifi ba ne. Cin amana laifi ne a kundin dokokin laifuka na Final Kod, amma sai an nuna dukiyar da aka karkatar. Ƙorafin da ba hujja yakan dawo kan mai shi da ƙarar ɓata suna ko ta tauye haƙƙi. Kuma ka tuna kai ne ma'aji: duk mai binciken da ya shigo, littafinka zai fara buɗewa. Ka yi amfani da kwanakin nan ka haɗa bayanan banki na shekaru shida, rasitai, takardun haya, da shaidar rahoton shekara-shekara da ake kai wa hukumar. In akwai shekarun da ba a kai ba, ko kuɗin da aka kashe ba rasit, ka gaya wa lauyanka tun yanzu, kada ya fara jin labarin daga bakin abokin hamayya.

Wani zai ce maka a nemi hukumar ta dakatar da amintattu ta naɗa shugaban riƙo a ƙarƙashin sashe na 839 na CAMA. Sashen ya sha suka daga ƙungiyoyin addini tun fitowar dokar, kuma a 2023 Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke hukuncin soke shi da wasu sassan da ke kusa da shi, don haka ba tsani ba ne da za ka jingina dukan nauyinka a kai. Ko da ya yiwu, baƙo ne zai zo ya riƙe amanar yayanka, kuma daga kuɗin marayun za a biya shi. Haka ma kuɗin lauyoyi: kada ɓangare ya ɗauka kai tsaye gidauniya ce za ta biya masa. Rigimar kujera ce tsakaninku, kowa ya shirya biya daga aljihunsa.

Biyu da biyu ba ya warwaruwa da hukunci. Ko wa ya ci shari'ar, washegari ku huɗun ne dai a kan takarda, ba mai rinjaye. Saboda haka tun a zaman farko lauyanka ya shaida wa kotu kuna son a gwada sulhu. Jihohi da dama suna da zauren sulhu a ƙarƙashin babbar kotu, Legas ta fara a 2002, Kano ma tana da nata, kuma ba abin da ya hana ku zaɓi malami ko dattijon da ɓangarorin biyu ke jin nauyinsa, wanda ya san marigayin. Kai baffa ne a wurin yaron nan, kiran farko daga gare ka ya fi kyau ya fito, kuma odar ba ta hana baffa magana da ɗansa ba. Ka tambaye shi abin da yake so a yi da kuɗin filin. Wataƙila ginin azuzuwa ne ko biyan bashi, abin da bayar da filin haya na dogon zango zai iya biya ba tare da an sayar ba.

Duk abin da aka daidaita a rubuta shi dalla-dalla: wanda zai cike gurbin marigayin, mutum ɗaya da kowa ya yarda da shi don adadin ya koma biyar, a bi da sunansa ta hukumar da sanarwar jarida da kwana 28 ɗin nan, masu sa hannu a banki, mai binciken kuɗi daga waje da zai duba littattafan shekarun baya, sharaɗin cewa ba a sayar da kadara sai da amincewar huɗu cikin biyar, yadda za a riƙa kiran taro da cire amintacce nan gaba, da mayar da takardun filin da shagunan zuwa sunan gidauniyar in ba a riga an yi ba. Gyaran tsarin mulkin shi ma sai an kai wa hukumar ta amince. Daga nan lauyoyin biyu su sa hannu tare da ku, a miƙa wa alƙalin ya karɓe ta a matsayin hukuncin yarda, a kuma tabbatar an rubuta a cikinta ƙarara cewa an janye odar rufe asusun, da lambar asusun, domin banki ba zai buɗe ba sai ya ga wannan layin a takarda mai hatimin kotu.